Wanda ya zauna a bayan edita shi ne mai fim

Ranar da ɗan yayata ya ce wa uwarsa fim ɗin manya yake so ya yi, wallahi sai da ta saki muciyar da take tuƙa tuwo ta hau salati, ita a ganinta shi kenan waya ta gama lalata mata yaro, batsa zai jawo mana gari. Ban kuma ga laifinta ba, don a bakin mutanenmu in aka ce fim ɗin manya abin da ake nufi kenan, irin wanda samari ke ɓoyewa a memori. Bayan isha'i ta aiko yaro wai in zo in yi masa faɗa tun kafin maganar ta kai kunnen ubansa. Na same shi a rumfarsa ta cajin waya a bakin kasuwar ƙauyenmu nan yankin Ringim, janareta na ta ƙara, ya jawo min benci ya buɗe tsohuwar laftof ɗinsa mai tsagaggen gilashi ya ce Kawu kafin ka yi faɗa karanta wannan tukuna.

Labarin wata yarinya ce da naƙuda ta kwana biyu da ita a ɗaki, ungozoma ta yi iya yinta, da abin ya gagara aka ɗora ta a amalanke zuwa bakin titi, kafin a kai asibiti ɗan ya koma, ita kuma ta tashi da yoyon fitsari, mijin yana ci-rani a Legas sai ga takardar saki ta hannun direban mota. Babu waƙa babu rawa, babu ɗan mai kuɗin da ya dawo daga Ingila. Na karanta har janareta ta mutu na ƙarasa da fitilar waya, kuma gaskiya jikina ya yi sanyi don na san gida uku a garin nan da wannan labarin ya faru a cikinsu.

To wannan shi ne abin da yaron yake nufi da fim ɗin manya, fim da zai yi magana da mutumin da ya yi aure ya yi saki ya binne ɗa ya ci bashi, a kan abin da yake hana shi barci. Kuma abin da ya faru da wannan labari daga takarda zuwa waya shi ya sa nake wannan rubutu, domin yara da yawa a ƙauyukan Kano da Jigawa yanzu sun ɗauki kyamara, kowa ka tambaya sai ya ce maka ai shi mai zaman kansa ne ba ya ƙarƙashin kowa, alhali da yawansu ba su ma san a wane mataki fim ɗinsu ya bar hannunsu ba.

Abin ba yau ya fara ba. Lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano a 1990, 'yan wasan daɓe ne suka haɗa kai suka yi abinsu, mai labari da mai wasa da mai kuɗi kusan duk mutum ɗaya ne. Da harka ta buɗe kuɗi ya shigo, har aka raɗa mata suna Kannywood a mujallar Tauraruwa a 1999, sai iko ya koma hannun 'yan kasuwar kaset na Ƙofar Wambai da Bata. Su ne za su kalli fosta su ce wannan fuskar ba ta sayarwa a sako wane, su ne za su tambayi waƙa nawa ce a ciki kafin su tambayi labarin me ne, su ne suka sa ake raba fim ɗaya gida biyu har gida huɗu don a sayar sau huɗu. Darakta yana da suna a jikin fosta amma ɗan kasuwa ne ke da almakashi. Sai satar fasaha da masu tura fim a waya suka karya kasuwar sidi, kuma ba zan ɓoye ba shi kansa ɗan yayan nawa da tura-turar nan ya tara kuɗin laftof ɗinsa, wato sana'ar da ta kashe kasuwar fim ita ta raine shi ya zama mai son yin fim. Daga nan Arewa24 ta zo a 2014 da fina-finai masu dogon zango, sannan kowa ya gangara YouTube, aka ce to yanzu an huta babu ɗan kasuwa babu mai gidan talabijin, kai da masu kallo ne kawai. Wannan maganar ce ta yaudari yara da yawa.

Da ka ce waye ke hana mai fim sakewa, amsar da kowa zai fara ba ka ita ce hukumar tace fina-finai, kuma ba ƙarya ba ne tana da hannu. Akwai ta tarayya tun 1993, Kano ta kafa tata a 2001 bayan an ƙaddamar da shari'a, kuma ko a wane ƙauye ka ɗauki fim ɗinka editoci da 'yan wasa da kayan haya duk a Kano suke, saboda haka abin da aka yanke a can har gindin kukar garinmu yake isowa. Manya sun tuna 2007 da wani hoton sirri na wata 'yar fim, wanda ba shi da alaƙa da wani fim, ya bazu a wayoyi, aka dakatar da ɗaukar fim a Kano na tsawon watanni, aka tsaurara dokoki har wasu fitattun 'yan fim suka shiga gidan yari a shekarun da suka biyo baya. An tuna 2016 da gwamnatin tarayya ta so gina alƙaryar fim a Ƙofa ta ƙaramar hukumar Bebeji, malamai da jama'a suka yi ca aka fasa. A 2021 hukumar Kano ta hana nuna satar mutane da shan ƙwaya da ƙwacen waya a fim, a watan Mayun 2025 kuma ta dakatar da fina-finai masu dogon zango guda 22 saboda ba a kawo mata su ta duba ba kafin a sake su. Ni dokar 2021 ɗin nan ta fi damuna, na fahimci tsoron kada yara su koya, amma ƙwaya ta riga ta shigo har ƙauye, yaran da muke noma da su suna sha, in mai fim ba zai iya nuna yadda take cinye gida ba to me ya rage masa ya nuna ban da soyayya a gidan sama.

Duk da haka hukuma tana da ofis, tana da ƙofa, dokarta a rubuce take, in ta ce ka cire abu ka san wanda ya ce kuma ka san dalili ko da bai gamsar da kai ba. Fim ɗin yaron nan ko kusa da ƙofarta bai kai da kamanninsa ba, tun a hanya aka cinye shi, kuma waɗanda suka cinye shi duk masoyansa ne.

Kuɗi ne farko. Akwai wani Alhaji mai sayen riɗi da zoɓo yana kaiwa Maigatari ranar Alhamis, mutumin kirki ne ba na zaginsa, ya ji labari ya kira yaron ya ce zai ɗauki nauyi saboda a san garinmu ma yana da masu basira. Babu takarda babu shaida, hannu kawai aka yi aka shafa fatiha, yaro ya dawo gida kamar an yi masa albishir da kujerar Makka. Sati bai zagayo ba Alhaji ya ce a ɗan nuna shagonsa a fitowa ɗaya, wannan ba komai. Sai ya ce akwai 'yar wani amininsa a birni tana son shiga fim a ba ta jarumar, yarinya fara tas da farce da gashin ido wadda ba ta taɓa surfe ba balle ta san yadda ake ɗaura zani a shiga amalanke. Sai ya ce fim babu waƙa ai kamar miya babu gishiri, a sa guda biyu. Sai babbar, ya ce mijin nan da ya aiko da saki bai kamata a nuna shi mugu ba tunda rabin mazan garin nan ci-rani suke zuwa za su ce da su ake, a mayar da laifin kan kishiya ko uwar miji ta yi asiri. A ƙarshe kuma ya ce mutane ba sa son baƙin ciki, a kawo wani attajiri ya kai ta asibiti a waje ta warke ya aure ta. Kowane ɗaya in ka ɗauke shi shi kaɗai ƙaramin abu ne, kuma ta yaya yaro ɗan shekara ashirin da 'yan kai zai kalli sa'an ubansa da ya ba shi kuɗi ya ce a'a Alhaji, a tarbiyyarmu ma ba a yi. Kunya ita ce almakashin da ya fi na hukuma kaifi a ƙauye. Yaro sai ya sunkuyar da kai ya ce to Alhaji, ya dawo rumfa ya goge shafi guda.

Amma inda aka yi masa yankan ƙauna shi ne wajen haɗa hoto. Wanda bai san harkar ba yana zaton a lokeshan ake yin fim, a'a, a lokeshan ana tara kaya ne kawai, a ɗakin edita ake ɗinka rigar, a nan ake cewa wannan fitowar ta tsaya wannan a zubar, wannan ta zo farko wannan ta koma ƙarshe, a sa kiɗa a nan a bar shiru a can. Laftof ɗinsa ba za ta ɗauki aikin ba sai aka kai wani edita a Kano, ga kuɗin mota ya ninka tun da aka cire tallafin mai a ƙarshen Mayun 2023, ga rumfa ba mai tsaro, ga damina ta faɗi ubansa na jiransa a gona. Kwana biyu ya yi a birni ya dawo, wanda ya zauna a bayan edita har aka gama yaron Alhaji ne.

Akwai fitowa ɗaya da na ga ɗanyenta a wayarsa wadda har yau ba ta fita raina ba. Tsakar dare ne, uwar yarinyar ta fito da ƙaramar fitila ta tsuguna a bayan rumbu tana wanke tsummokara da zannuwan 'yarta, ba ta magana, sai ƙarar ruwa a roba da kukan gyare, ta matse ta duba hagu da dama sannan ta shanya su a can ƙasan danga ta ciki inda maƙwabta ba za su hanga ba, ta tsaya tana shinshina hannunta, ta ƙara ɗauko sabulu. Minti biyu ne da 'yan daƙiƙai. Wata dattijuwa ce 'yar garinmu ta yi wasan kuma ba a koya mata komai ba, ta san abin. Duk fim ɗin a cikin minti biyun nan yake, kunyar da ƙaunar da wahalar duka. Aka cire ta, wai tana da sanyi babu magana mutane za su tura gaba, aka sa waƙa a gurbinta.

Da aka gama aka ɗora a YouTube, a tashar da yaron Alhaji ya buɗe da imel ɗinsa da lambar wayarsa, aka canja sunan fim zuwa wani abu mai kama da tallan maganin mata, aka sa hoton jarumar ta yi kwalliya tana hararar kishiya a bango. Sunan ɗan yayata yana ciki a matsayin darakta, ƙwarai, amma ba shi da kalmar sirrin tashar, ba shi da ɗanyen hoton da ya ɗauka don had dis ɗin, wato na'urar da aka adana hoton a ciki, yana wajen edita kuma edita Alhaji ya sani tunda shi ya biya shi. Ya kalli fim ɗin sau ɗaya a rumfa ya kashe wayar ya ce Kawu wannan ba nawa ba ne.

Shi kansa YouTube ɗin da ake cewa babu maigida, akwai maigida, ba ka ganin fuskarsa ne kawai. Kafin su fara raba kuɗin talla da kai sai ka tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo a cikin wata 12, in ka shiga kuma kashi 55 cikin ɗari na kuɗin tallar ne naka, ba za a turo maka ba sai ya kai dala 100, sannan tallar da aka nuna wa mai kallo a Najeriya ba ta kai kuɗin wadda aka nuna wa na Amurka ko ƙasashen Turai ba. Ka ga wannan lissafin shi kaɗai ya isa ya gaya maka irin fim ɗin da za a riƙa yi, dole ka ja labari ya yi tsawo, dole ka saki sabon kashi duk sati ko labarin ya ƙare ko bai ƙare ba, dole ka yanke a inda rai zai biya, shi ya sa za ka ga labarin da ya kamata ya ƙare a awa biyu an kai shi zango na bakwai ana ta zagaye a falo ɗaya. Ga kuma ƙa'idarsu ta masu talla, abin da ya shafi jini ko cin zarafi ko shaye-shaye ana iya rage masa talla ko a cire gaba ɗaya, wato daidai irin maganganun da fim ɗin manya na gaskiya yake son taɓawa su ne ba sa kawo kuɗi. Babu wanda zai aiko maka takarda ya ce kar ka yi, kai da kanka za ka duba lissafi ka daina.

Kuma kada a ce mu kaɗai ne. Tun 1919 su Charlie Chaplin suka haɗu su huɗu suka kafa kamfaninsu na United Artists a Amurka, ba don komai ba sai don kada masu kuɗi da masu rarraba fim su riƙa yi musu yadda suka ga dama da aikinsu, kuma har gobe a can ikon cewa wannan shi ne fim ɗin ba ƙari ba ragi abu ne da ake rubutawa a yarjejeniya, daraktoci ƙalilan ne ke samunsa. Kai hatta masu waccan harkar ta batsa da uwar yaron nan ta tsorata da ita, wadda ni ba na yi wa ɗan kowa fatanta, su ma sun yi ta alfaharin sun rabu da kamfanoni sun koma sayarwa kai tsaye ga masu biyan kuɗin wata, sai ga shi a watan Agustan 2021 dandalin OnlyFans ya wayi gari ya ce zai hana irin kayansu saboda matsin bankuna, bayan 'yan kwanaki ya janye, amma a cikin kwanakin nan sun gane cewa abincinsu na hannun wanda ke riƙe da hanyar da kuɗi ke bi. Na kawo su ne don a ga cewa cire kunya ma ba ya ba mutum iko da aikinsa, don akwai yaranmu da ke zaton addini da al'ada ne kaɗai suka ɗaure su, da an sake su da sun yi abin mamaki.

Ni ban yarda da wannan ba sam. Ku dubi Iran, dokokinsu na fim sun kai namu tsauri ko sun fi, mace ba ta fitowa babu lulluɓi ko da a ɗakinta aka nuna ta, namiji da mace ba sa taɓa juna, amma a cikin wannan ƙuncin darakta Asghar Farhadi ya yi fim a 2011 kan mata da miji da ke neman rabuwa da tsoho mara lafiya a tsakaninsu, ya ci kyautar Oscar a 2012, babu tsiraici ko na ƙwayar zarra kuma babu yaron da zai gane zurfinsa sai wanda ya san aure. Ba ina cewa takura alheri ce ba, a ƙasar dai aka yanke wa darakta Jafar Panahi hukuncin hana shi yin fim na shekara 20 a 2010, wannan zalunci ne a wajena. Abin da nake cewa shi ne mutuncin sutura da rashin taɓa juna ba su ne suka hana mu fim mai nauyi ba. Fitowar wankin tsummar nan babu dokar da ta karya, ba malami ne ya cire ta ba.

Akwai kuma ɓangaren da masu burin fim ba sa son a taɓo, shi ne cewa shi ma darakta mai iko ne a kan wasu, kuma a ƙauye waɗannan wasun sun fi shi rauni. Tun farko yaron nan ya so ya je Jahun, inda likitocin ƙungiyar agaji ta ƙasa da ƙasa MSF suke aikin yoyon fitsari tun 2008, ya samo mace mai lalurar da gaske ta fito a fim ɗin wai don abin ya fi taɓa zuciya. A nan ne kaɗai na ɗaga masa murya. Na ce kai in fim ya fita za a ce maka darakta, ita kuma har ta mutu za a riƙa nuna ta a kasuwa ana cewa ga mai yoyon nan ta cikin waya, in ta warke ta yi aure 'ya'yanta za su gani, kai za ka iya goge shi daga wayoyin mutane? Haka 'yan matan gari da ke rububin a sa su, yarinya ba ta san cewa za a iya yanko daƙiƙa goma daga fitowarta a ɗora a TikTok da wata waƙa daban ba, gobe dangin saurayi su gani a fasa kawo kaya, shi mai fim ko a jikinsa. Namiji ya yi fim ya dawo ya yi limanci ma a wani wurin, mace kuwa tambarin yana binta har ɗakin miji. Saboda haka duk mai kukan an ƙwace masa iko da fasaharsa, ya fara duba ko shi ma ya gaya wa yarinyar da iyayenta gaskiyar inda hoton zai je, ko ya biya ta haƙƙinta, ko ya ba ta damar cewa wannan fitowar ban yarda a sake ta ba. Burinka na zama babban darakta bai fi auren 'yar mutane ba, na gaya masa haka a gaban uwarsa kuma har yanzu a kan haka nake.

Ya yi fushi da harkar kusan shekara, ko maganar fim ba ya so, sai bayan kaka da ya sayar da buhunan riɗinsa na gayauna ya zo ya same ni ya ce Kawu zan sake amma wannan karon ƙarami. Minti ashirin da biyar, da waya da makirfo ɗaya na aro da farin kwali na mayar da haske, 'yan wasa shida, matan ciki duk manya ne masu 'ya'ya kuma sai da ya je gida gida ya zauna da mazajensu. Wani abokinsa ya sa kuɗi kaɗan, suka rubuta a takarda da Hausa a gaban shaidu biyu cewa in riba ta zo ga kason kowa amma labari da haɗa hoto da tasha na darakta ne, abokin har ya ji haushi wai ba a yarda da shi ba ne, yaron ya ce ai ko Alƙur'ani ya ce in za a yi bashi a rubuta. Ya buɗe tasha da imel ɗinsa, ya ajiye ɗanyen hoto a wuri biyu, ya haɗa da kansa a waya da daddare bayan ya rufe rumfa, wata uku yana yi, sautin ma akwai inda iska ta ɓata shi bai iya gyarawa ba.

Kafin ya saki kuma ya kai wa mai gari da liman suka kalla, abokansa suka yi ta yi masa surutu wai ka gudu daga Alhaji ka kai kanka wajen wasu masu almakashin. Na yi tunanin wannan sosai don da alama suna da hujja, amma ina wurin, na ga bambancin da idona. Mai gari bai ce komai ba sai a cire inda aka nuna ƙofar wani gida da ake iya gane ta, yaro ya ce ranka ya daɗe gaskiya ne ya canja. Liman kuma ya ce kai yaro ka aurar da ita wata ɗaya bayan saki, ina iddar, tunda bayan haihuwa aka sake ta ai sai ta yi tsarki uku, yaro ya ce Allah gafarta Malam ban lura ba, ya gyara, fim ɗin ma ya fi ƙarfi saboda zaman iddar nan a gidan uba ya zama fitowa guda mai ciwo. Amma da liman ya ce da za a sassauta wa mijin kaɗan da ya fi, yaron ya sunkuyar da kai ya ce Malam a yi min afuwa wannan shi ne ƙashin bayan labarin, liman ya yi shiru ya ce to Allah ya sa a amfana. Sun faɗi ra'ayinsu wayar kuma ta koma aljihun mai ita, kuma ya iya cewa a'a ne don babu sisin ɗayansu a ciki.

Ba zan ce muku ya yi nasara irin wadda ake nufi ba, har yau mabiyansa ba su kai dubun nan ba, YouTube ba ta taɓa ba shi ko kwabo ba, wancan fim ɗin na Alhaji mai waƙa biyu ya ninka nasa masu kallo ban san sau nawa ba, kuma da rumfar caji yake ci har gobe. Wanda zai bi wannan hanya ya sani ba za ta ciyar da shi da wuri ba, wataƙila ma ba za ta taɓa ciyar da shi ba, dole ya riƙe gona ko sana'a, kuma ba kowane labari ne zai yiwu da waya da mutum shida ba.

Daren da aka haska shi a filin firamare da majigin aro, aka ɗaura farin zanin gado a jikin bangon aji, maza a gaba mata a baya yara sun cika ko ina suna ihu, da aka zo fitowar wankin tsumma, don ya sake ɗaukarta da dattijuwar nan dai a bayan rumbun nan dai, sai filin ya yi tsit har kana jin janareta daga nesa. Wata mata a layin baya ta ja mayafi ta rufe fuska, wata tsohuwa ta tashi a hankali ta bi duhu ta tafi gida ba ta jira ƙarshe ba, kowa ya san dalili ba wanda ya juya ya kalle ta. Yayata, uwar yaron, tana gefena a tsaye da ƙaramin jikanta a baya, ba ta ce uffan ba har aka tashi. Da safe ta aika masa da kunu da ƙosai rumfa, ta ce a gaya masa in zai yi na ci-rani da yake faɗa ya zo ta ba shi labarin shekarar da ubansa ya yi wata tara a Kurmi babu aike.